Marigayi Bubu Hama, malamin da ya kai labarun tsofaffi sinima

An haifi Bubu Hama a wajen shekara ta 1906 a ƙauyen Foneko, cikin ƙasar Tera. A zamanin nan iyaye ɓoye ƴaƴansu suke yi don kada a kai su lakwal ta Nasara, shi ma ba da son ransa aka sa shi ba. Ya yi karatu a Dori da Wagadugu, daga nan ya wuce babbar makarantar horon malamai ta William Ponty a Sanagal. A 1929 ya komo gida da takardarsa ta malanta, yana cikin ƴan Nijar na farko da suka samu wannan matsayi.

Siyasa ta ɗauke shi. Ya riƙe shugabancin Majalisar Dokoki tun samun mulkin kai har 1974, lokacin jam'iyya guda, kuma har yau mutane ba su daidaita a kan wannan ɓangare na rayuwarsa ba. Amma ko masu sukarsa ba su musun aikin da ya yi wa tarihi da adabi. Ya zauna da maroƙa da tsofaffi yana rubuta abin da suka riƙe a ka, ya tara tsofaffin littattafan Larabci da ajami, waɗanda yanzu suke ajiye a Jami'ar Yamai. Ya wallafa tarihin Gobir da Sakkwato a 1967. Littafinsa Kotia-Nima, mai ba da labarin ƙuruciyarsa, ya ci babbar kyautar adabin Afirka a Faransa.

Sai dai da Faransanci ya yi galibin rubutunsa, alhali mafi yawan waɗanda suka ba shi labarun ba su iya karanta ko layi ɗaya. Sinima ce ta rage wannan giɓi. Mustafa Alhasan ya ɗauki labarin Tula daga gare shi ya mai da shi fim: an yi fari, boka ya ce ruwa ba zai samu ba sai an ba aljanin tafki budurwa. Fim ɗin ya zo daidai da babban farin 1973, lokacin da bisashe suke mutuwa a daji, saboda haka ƴan kallo ba su bukaci wani ya fassara musu shi ba. Bayansa Jean Rouch, Bafaranshen da ya daɗe yana aiki a bakin Kwara, ya yi fim ɗin Babatu bisa labarin da Bubu Hama ya tsara a kan mayaƙan Zabarmawa da suka kai yaƙi ƙasar Gurunsi a ƙarni na 19. An nuna shi a gasar Kan ta Faransa a 1976.

A lokacin nan mai labarin yana tsare, domin sojoji sun kama shi bayan juyin mulkin 15 ga Afrilu 1974, suka kai shi Agadas. Bayan an sake shi bai koma siyasa ba. Ya rasu a Yamai cikin watan Janairu 1982. Gidan tarihi na ƙasa da ke Yamai yana ɗauke da sunansa.