Muhammadu Kanta

Muhammadu Kanta Kotal shi ne ya kafa daular Kabi a ƙarni na 16. Ya yi yaƙin Agadas tare da Askiya Muhammadu na Songhai, amma suka saɓa kan rabon ganima, ya ɓalle wajejen 1516.

Don kare daularsa, Kanta ya gina birnin Surame, ya kewaye shi da ganuwar dutse da laka. Songhai ta kawo masa yaƙi, ba ta yi nasara ba. Ya rasu sakamakon harbin kibiya a ƙasar Katsina.

Daga baya sarauta ta koma Birnin Kebbi, sannan Argungu, inda aka mayar da tsohuwar fada gidan tarihi mai sunansa a 1958. Kufan Surame yana nan a Jihar Sakkwato.